Ƙusar da Ke Bangon Falo

Daƙiƙa goma sha ɗaya ne kacal. Darakta ta ƙirga su sau uku a ɗakin tace hoto ranar Litinin da safe, ba su ƙaru ba, ba su ragu ba. Kyamara ta taso daga ƙofar falo, ta bi ta kan kujeru, ta tsaya a bangon da ke kallon taga. A bangon akwai agogon katako. Iyakar abin da ya fita a talabijin ranar Asabar da yamma ke nan, kuma shi ke neman raba ta da mutumin da za ta aura.

Falon na mahaifiyarsa ne. Agogon ba nata ba ne. Ƙusar da aka rataye shi a kai, shekara goma sha huɗu tana ɗauke da hoton marigayi mijinta.

Shekara shida ke nan Darakta tana shirya Shigo Ciki, shirin da ke shiga gidajen mutane ya nuna yadda suka tsara ɗakunansu, da yadda suke girki, da furannin da suka shuka. Ita ke zaɓen gida, ita ke ba da umarni, ita ke zama kan tacewa har shiri ya fita. A tashar, tun daga shugaba har mai gadi, Darakta suke ce mata.

Likitan haƙorin da ya shekara biyu yana nemanta, shi ya kawo shawarar a ɗauki gidansu. Mahaifiyarsa ba ta taɓa ɓoye ra'ayinta ba: macen da ke yini cikin ƙarti tana leƙa ɗakunan mutane ba matar aure ba ce. Shi kuma ya yi zaton in Mama ta ga aikin da idonta za ta sauko. Ta kuwa fara saukowa. Ranar ɗauka har dariya ta yi a lambu, ta ce wa Darakta "'yata" sau ɗaya. Bayan kwana biyu ta yarda manyan ɓangarorin biyu su zauna ranar Lahadi mai zuwa a tsayar da lokacin aure.

Abin da ya faru a falon kuwa, a kowane gida ana yin sa ba tare da wani ya tsaya tunani ba. Gilashi yana mayar da hasken fitila cikin kyamara, don haka duk abin da ke da gilashi a bango sauke shi ake yi kafin a ɗauki ɗaki. Mama tana sama ana yi mata kwalliya. Darakta ta duba allo, ta ga farin haske ya cinye rabin bangon, ta ce, ba tare da ta ɗaga kai ba, "A sauke min wancan."

Dogo mai kyamara hannunsa a cike yake. Likita ne ke tsaye kusa. Ya miƙa hannu ya sauke mahaifinsa, ya jingina shi a bayan kujera.

Bango ya zama wayam, sai aka rataya agogon Mai Kujeru, dillalin kayan ɗakin da ke ɗaukar nauyin shirin, wanda yarjejeniya ta ce dole kayansa su fito a kowane gida. Agogon ba shi da gilashi, yana kuma ɗauke da tambarin shagonsa ɓaro-ɓaro. Bayan minti ashirin aka mayar da hoton. Mama ba ta san an yi ba, sai da ta gani a talabijin tare da sauran jama'a.

Kuma ba wanda bai san cewa sau biyu Mai Kujeru ya aika wa mahaifin Darakta yana neman aurenta ba, sau biyu kuma ta ce a ba shi haƙuri.

Aka ƙwanƙwasa ƙofar ɗakin tace hoto. Kafin a amsa, Likita ya shigo da farar rigar asibiti a hannu.

Baba Edita, dattijon da ke tace mata hoto tun farkon shirin, ya dube shi ta saman tabarau.

"Likita, in haƙori ka zo cirewa ka makara, nawa sun riga sun yi ritaya." Ya miƙe yana dafa tebur. "Bari in je in sha shayi. Ɗakin nan ya fara warin allura."

Ya ja musu ƙofa.

"Tun Asabar nake kiranki," in ji Likita.

"Tun Asabar nake ɗagawa. Kai ne kake kashewa da zarar Yayarka ta shigo."

Ya zauna a kujerar Baba Edita, ya ɗora rigar a gwiwa.

"Baffannina uku sun kira Mama. Gwaggo kuwa da kanta ta zo jiya. Ta tsaya a tsakiyar falo, ta nuna hoton, ta ce, 'Kin mayar da shi ne don kin ji ina tafe.' Ta ce ashe shekara goma sha huɗu ta isa mace ta ba da hayar bangon mijinta."

"Na rubuta wa Mama takardar ban haƙuri. Na kuma cire wurin daga maimaicin ranar Laraba."

"Ba ta karanta ba. Yaya ce ta karanta mata, da irin muryar nan da kika sani."

"Kai me ka gaya mata?"

Ya ninke hannun rigar, ya warware.

"Na ce ina waje ina amsa waya."

Darakta ta juyo da kujerarta gaba ɗaya ta fuskance shi.

"Wace wayar?"

"Don Allah, ba yanzu ba."

"Tambaya na yi. Wa ya kira ka?"

"Mama tana son ganinki ƙarfe huɗu," ya ce da sauri. "Abu ɗaya take son sani, wa ya taɓa hoton. Yaya ta ce ki taho da ɗanyen abin da kuka ɗauka, tun da kowa ya san kyamararki ba ta hutawa da zarar an kunna fitila." Ya sassauta murya. "Ki ce Dogo ne. Ba danginmu ba ne, ba za ta sake ganinsa ba har abada."

"Yayarka ta riga ta rubuto wa shugaban tasha ƙorafi. In na ce Dogo, kafin Juma'a ya rasa aikinsa. 'Ya'yansa huɗu."

"To ki goge wurin."

"Ba na goge abin da na ɗauka."

"Ko don ni?"

"Musamman don kai."

Sai idanunsa suka kawo ruwa. Ta taɓa ganinsa cikin fushi, ta gan shi cikin gajiya, amma ba ta taɓa ganin hawayensa ba. Ta lura ta gefen hagu suka fara sauka.

"Ba ki gane ba," ya ce. "Ni na rataya hoton nan. Kwana uku da rasuwar Baba, ina da shekara goma sha tara. Na hau kujera, Mama ta riƙe min ƙafafun kujerar, na buga ƙusar nan da hannuna. Ta ce, 'Kai ka ɗora shi, kai ne kuma za ka tsare min shi.' Yanzu in je in ce mata ni na sauke shi don a rataya tallar mutumin da ke neman ƙwace min ke? Da wane bakin?"

"Da bakin da ka ce kana waje."

"Ke ba ki da tausayi ne?"

Tana da shi, kuma a lokacin yana cin ta a ƙirji. Amma ta san in ta bari ya fito, kafin azahar za ta goge minti ashirin ɗin nan, ta kuma fara zaman aure da ƙarya a tsakaninsu.

"Ga abin da zan yi," ta ce. "Ni na ce a sauke, wannan zan faɗa, don gaskiya ne. Ba zan ce kai ba ne, ba zan ce Dogo ba ne. Amma in ta tambayi hannu, kai za ka amsa."

Ya share fuska da rigar asibiti, ya fita bai yi mata sallama ba.

Ƙarfe uku da rabi ta sauko wurin ajiye motoci, ƙaramin filashi mai ɗauke da ɗanyen hoton a cikin jakarta. Mai Kujeru yana jingine da motarsa, ya ajiye ta daf da tata yadda ƙofarta ba za ta buɗu sosai ba.

"Ranki ya daɗe, Darakta! Agogona ya yi farin jini. Tun Asabar ba a bar min ko ɗaya a shago ba."

"Allah ya ƙara kasuwa. Ka matsar min da motarka."

"An ce ba lokaci kaɗai yake nunawa ba, har aure yana tsayarwa."

"Wa ya ce?"

"Yayar angon da kanta ta kira ni jiya. Wai ko ni na ce a rataye shi a wurin." Ya gyara hula yana murmushi. "Na ce ni wallahi ban san komai ba. Na dai ce Darakta mutuniyar kirki ce, duk gidan da ta shiga ba ta mantawa da ni."

Ta dube shi har murmushin ya fara yi masa nauyi.

"Yarjejeniya ce ba ta mantawa da kai, Alhaji. Shafi na biyu, layi na bakwai."

"Ko ma dai mene ne. Ni ƙofata a buɗe take. Kuma tsohuwata ta daɗe da rasuwa, Allah ya jiƙanta, ba mai kiranki ƙarfe huɗu."

Ta shiga ta ƙofar fasinja, ta tsallaka zuwa sitiyari, ta bar shi nan.

Yaya ce ta buɗe ƙofar gidan. Darakta ta gaishe ta, ta amsa da hanci, ta juya.

Falon yana nan yadda ta san shi, sai dai an ja labule. Mama tana zaune a kujerar da ke ƙarƙashin hoton. Marigayin yana kallon ɗakin daga ƙusarsa, da ɗan murmushi, cikin farar riga. Likita yana zaune a ƙasa kusa da ƙofar kicin, kansa a sunkuye.

Darakta ta durƙusa.

"Ina wuni, Mama."

"Kada ki ce min Mama. Na haifi biyu, ga su nan."

"Allah ya huci zuciyarki."

"Zuciyata ba ta gabanki." Muryar tsohuwar ba ta tashi ba, amma tana rawa. "Na buɗe miki gidana. Na buɗe miki kicin ɗina, wanda ko ƙannen mijina ba sa shiga. Na sa zanen da ban sa ba tun yana da rai. Na kira 'yan'uwa na ce kowa ya kunna talabijin ranar Asabar ya ga gidan ɗan'uwansu. Suka kunna. Me suka gani?"

"Kuskurena suka gani."

"Kuskure!" Yaya ta tafa hannu. "Ji min mata! Kuskure ne ya je shagon saurayinta ya ɗauko agogo? Kuskure ne ya kai shi kan ƙusar ubana? Ai ruwa ba ya tsami banza."

"Ba saurayina ba ne, Yaya."

"Ba ni ce Yayarki ba. Kuma shi da bakinsa ya ce duk inda kika shiga ba kya mantawa da shi."

"Kayansa suna fitowa a kowane gida da muka ɗauka. Gida ɗari biyu da sittin. Ba a taɓa..."

"To a nan aka taɓa! Mu ba gida ɗari biyu da sittin ba ne, mu gidan marayu ne!"

"Ya isa," in ji Mama. Ta share ido da gefen mayafi. "Ke, dube ni. Me ya yi miki? Mutumin da bai san ki ba, bai taɓa ce miki kanzil ba?"

"Bai yi min komai ba. Gilashin hoton ne yake mayar da haske cikin kyamara. Ina kallon allo, ban ga mutum ba, haske na gani. Na ce a sauke. Da na ɗaga kai na dubi bangon da idona, da ban faɗa ba. Ban ɗaga ba. Laifin nawa ne, ni kaɗai na ba da umarnin."

"Ba ki ga mutum ba."

"Ban gani ba."

"Haka za ki zauna da ɗana? Kina kallon allo?"

Darakta ta sunkuyar da kai.

Mama ta gyara zama.

"Na ji baki. Ba baki na tambaye ki ba, hannu na tambaye ki. Shekara goma sha huɗu ko mai aiki ba ta goge hoton nan, ni ke hawa kujera in goge da kaina. Wane ƙato ne cikin ƙartinki ya sa hannu ya ɗauke min miji ya jingina shi a ƙasa kamar tsintsiya?"

Darakta ta dubi Likita. Likita yana kallon zanen da ke jikin darduma.

"Wannan ba ni zan faɗa ba," ta ce.

"Kin ji ko, Mama?" in ji Yaya. "Rufa masa asiri take yi. Wallahi ko kaffara ba zan yi ba, Mai Kujerun ne da kansa ya shigo ta ƙofar baya. Ina abin da na ce ki zo da shi?"

"Yana jakata."

"Miƙo."

"A'a."

Mama ta ɗaga hannu, Yaya ta koma ta zauna tana huci.

"Ni ba mai son raba ku ba ce," in ji tsohuwar. "Yaron nan kwana biyu bai ci abinci ba, ina gani. Abu biyu zan gaya miki, in kin yi, Lahadi tana nan. Ki faɗi sunan mai hannun. Sannan ki ajiye aikin nan da ya makantar da ke, har kika dubi mamaci kika ga fitila."

"Sunan ba nawa ba ne da zan bayar. Aikin kuwa nawa ne, ba zan ajiye ba."

"To ba Lahadi."

"Ni ne, Mama."

Daga bakin ƙofar kicin maganar ta fito. Likita ya ɗago, fuskarsa sharkaf.

"Ni na sauke shi. Ba na waje. Ƙarya na yi miki."

Darakta ta juya ta dube shi. Ta sauke numfashi. Da a nan ya tsaya, da ta durƙusa a falon nan har magariba tana ba da haƙuri, ba tare da ta gaji ba.

Bai tsaya ba.

"Amma ita ta sa ni, Mama. Ba ki ga yadda take ba da umarni ba, mutum ba ya samun damar tunani. Kuma wallahi ban san agogon mutumin nan za a sa ba. Da na sani da ban taɓa ba. Ni ma rufe ni aka yi."

Mama ta dafe ƙirji. Kukan da take riƙewa tun shigowar Darakta ya ƙwace mata.

"Kai? Kai da na riƙe wa kujera? Tun ba ta shigo ba ta ce sauke ubanka, ka sauke? To ranar da ta shigo ta ce fitar da uwarka fa?"

"Mama, ki yafe min..."

"Ai ga shi nan," in ji Yaya, ita ma tana hawaye. "Ta mayar da shi yaron ɗaukar wayar kyamara."

Darakta ta miƙe tsaye. Ta san yana tsaye a gefenta lokacin da aka fito da agogon daga kwali, shi ya ma riƙe kwalin. Wannan ma yana cikin jakarta.

"Likita," ta ce. "A wurin aiki in mutum ya ɓata magana ba na kora shi. Ina ba shi dama ya sake, sau ɗaya. Sake faɗa. Ka tsaya inda ya kamata ka tsaya."

Ya dube ta. Ya dubi mahaifiyarsa da ke kuka ƙarƙashin hoton. Leɓensa ya motsa sau biyu kafin sauti ya fito.

"Ki ajiye aikin nan kawai," ya ce a hankali. "Don Allah. Komai sai ya wuce."

Ta gyaɗa kai, kamar yadda take yi in an gama ɗauka. Ta buɗe jaka, ta fito da filashin, ta wuce hannun Yaya da ke miƙe, ta ajiye shi a kan tebur gaban tsohuwar.

"Minti ashirin ne, Hajiya. Ki kalla ke kaɗai. Za ki ji muryata ina cewa a sauke, za ki ga ban ko ɗaga kai ba. Za ki kuma ga ɗanki, kafin ya mayar da hoton, ya tsaya ya goge gilashin da hannun rigarsa, ya daidaita shi sau uku. Abin da ya kamata ya gaya miki ke nan tun ranar Asabar." Ta rataya jaka. "Ki gaya wa manyanku kada su wahalar da kansu ranar Lahadi. Ni zan gaya wa nawa."

Ba wanda ya raka ta. Ta bi ta lambun da aka yi dariya a cikinsa, ta buɗe ƙaramar ƙofa, ta shiga mota. Ta sa makulli.

A madubi ta hango Likita ya fito a guje, ba takalmi. Ya kai bakin ƙofar gida, ya dafa ƙarfen, ƙafa ɗaya a waje.

Daga cikin gidan muryar Mama ta biyo shi, ta ratsa lambu, har cikin motar Darakta ta ji ta.

"In ka taka titin nan, kada ka sake tako min gida!"

Ya tsaya cak. Bai fito ba, bai koma ba.

Darakta ta tayar da mota, ta sa giya. Amma ba ta ɗaga ƙafarta daga birki ba.